Hannun Yahuza

A harkar fim akwai waɗanda ake buga fuskarsu a jikin fasta, akwai kuma waɗanda ake tunawa da su idan ana neman wanda zai buɗe wa jarumi ƙofa. Muttaka Iro a kashi na biyu yake, kuma ya daɗe a ciki har gemunsa ya yi furfura. Ya fito maigadi, ya fito dillalin awaki, ya fito kawun amarya mai cika aljihu da goron ɗaurin aure. Ya taɓa fitowa gawa ma, aka yaba masa don bai motsa ba ko da ƙuda ya sauka masa a hanci. Ba a taɓa ba shi mota ya tuƙa ba, ba a taɓa haɗa shi da budurwa ya rera mata waƙa ba. Shi ma bai nema ba, ya san irin fuskar da Allah ya ba shi.

Abin da ya riƙe shi a sana'ar mutum ɗaya ne, wani baƙauye da yake fitowa da shi mai suna Duba-Hula. Duba-Hula jan ƙafar dama yake yi, kuma idan aka tambaye shi abin da ya ɗaure masa kai sai ya tuɓe hularsa ya leƙa cikinta, ya daɗe yana leƙawa, sannan ya mayar da ita kai ya ce, "To, nan ma babu." Shi ke nan wasan. Amma daga Maraɗi har Kano, duk inda aka kunna tele aka ga hannun nan ya nufi hula, kafin ma ta bar kai an fara riƙe ciki. Da Duba-Hula ya yi aure, da shi ya gina ɗakuna biyu a bayan tashar Maraɗi, da shi ya sa 'ya'yansa a lakol, wato makarantar boko.

In 'yan jarida suka tambaye shi inda ya samo mutumin nan, cewa yake yi baiwa ce daga Allah. Ƙarya yake yi, kuma ya san ƙarya yake yi. Duba-Hula yana nan da ransa a Gidan Iro, wani ƙauye da ke gabas da Gazawa, sunansa Yahuza, kuma wan Muttaka ne uwa ɗaya uba ɗaya. Shi ya riƙe Muttaka bayan rasuwar mahaifinsu. Amalanken shanu ne ya bi ta kan ƙafarsa tun yana saurayi, ta warke a karkace. Mutum ne mara yawan magana, wanda ba ya amsa tambaya sai ya auna ta, kuma idan yana aunawar yakan cire hula ya kafa mata ido don kada ya kalli mutum a fuska. Bai taɓa cewa "nan ma babu" ba a rayuwarsa. Wannan ƙarin Muttaka ne, kuma shi ne ya mayar da mai natsuwa ya koma wawa.

Ba da niyya aka fara ba. Wata rana ce a farkon zuwansa Maraɗi, ana gwada sababbin 'yan wasa, aka ce ya yi wani abu a gani. Kansa ya ɗauki zafi, ya rasa abin yi, sai jikinsa ya yi masa aikin: ƙafa ta ja, hannu ya tafi ga hula. Aka yi dariya har da masu zama a ƙasa. Yaron da ya zo birni da riga ɗaya ya ji ana tafa masa, to wa zai ce masa ya bari? Haka Allah ya yi Muttaka tun yana ƙarami, idonsa da kunnensa ba sa wuce komai. In ya zauna da kai na ɗan lokaci, gobe za ka ga tarinka da yadda kake sosa ƙeya a jikinsa. A sana'arsu wannan arziki ne. A gida kuwa sata ce, ko da ba a kira ta da sunanta ba.

Ranar da fim ɗin ya isa gidan kallon Gidan Iro ba a buƙaci mai bayani ba. Kafin sati ya zagayo, yaran kasuwar Gazawa sun fara bin Yahuza suna cewa, "Baba, duba ko akwai." Yahuza bai aika da saƙo ba, bai yi faɗa ba, bai kai ƙara wajen kowa ba. Ya daina cin kasuwa ne kawai, ya riƙa aiken ɗansa Hamisu. Ya kuma daina tuɓe hula a gaban mutane, sai ka tambaye shi abu ya tsaya hannuwansa a ƙasa yana kallon ƙafarka. Duk wannan a bakin mutane Muttaka ya ji. Da ya ji sai zuwansa gida ya koma na ta'aziyya kaɗai, ya iso da hantsi ya bar garin kafin la'asar. Ya sha ɗaura niyyar barin Duba-Hula, amma duk lokacin da ya nemi wata fitowar sai a ce masa ai hular ake so.

A bazarar bana Hamisu ya kira shi ya ce Baba ya faɗi a bakin rijiya, ɓarin jikinsa na hagu ya shanye. Muttaka ya yi salati, ya ce yana tafe. Ya aika da shinkafa da sukari ta hannun wani direba. Sati ya bi sati, ruwa ya sauka, aka yi shuka, bai je ba.

A lokacin suna ɗaukar wani shiri mai dogon zango da ake nunawa a tele duk mako, Duba-Hula shi ne tsohon gidan. Wata rana ana hutun cin abinci Muttaka ya ba darakta Hambali labarin ciwon wansa, don dai a taya shi addu'a. Hambali ya yi addu'ar, ya sha ruwa. Hambali yaro ne mai kai, irin waɗanda ko a wajen jana'iza suna lura da inda haske ke faɗowa. Bai san daga ina Duba-Hula ya fito ba, don ba wanda ya sani a cikin 'yan fim.

"Baba Muttaka," ya ce, "mutane sun fara gajiya da hular nan, ka sani na sani. Me zai hana irin wannan ciwon ya kama Duba-Hula? Mutumin da ya shekara da shekaru yana ba su dariya, su wayi gari ya kasa ɗaga hannu ya cire hular. Wallahi sai an yi kuka a kowane gida."

Ya kamata Muttaka ya ce a'a tun a wurin. Bai ce ba. Abin da ya ji a ƙirjinsa ma daɗi ne, don tunda ya shiga sana'ar ba a taɓa ba shi fitowar da za ta sa mutum kuka ba.

Aka gwada washegari, abu ya ƙi. Ya karkata baki, ya saki hannu, ya yi ta nishi, masu riƙe da fitila suna danne dariya. Aka sake, aka kuma sakewa. Hambali ya ce kamar wanda kunama ta harba yake yi, ba mai shanyewar jiki ba. Da yamma ya ja shi gefe, cikin ladabi, ya ce za su ɗage wannan wurin zuwa makon sama. In ya samu ya yi, to. In bai samu ba, ba komai, sai a rubuta cewa Duba-Hula ya rasu a ƙauye, a kawo labarin ta waya. Muttaka ya fahimci maganar sarai. Mutumin da ya haura hamsin, mai fitowa ɗaya tak a hannunsa, in aka binne fitowar an binne shi.

Kwana biyu bayan haka ya ce wa matarsa zai je dubiya gida. Ta ce ai ya daɗe da kamata. Shi ma haka ya yi ta faɗa wa kansa a mota, zumunta a ƙafa take, ciwon ɗan'uwa ba a aika masa shinkafa a zauna. Duk gaskiya ne. Amma me ya sa sai wannan makon? Tambayar ta zauna kusa da shi tun daga tashar Maraɗi, ya juya mata ƙeya yana kallon gero ta taga. A Cadawa, da mota ta tsaya, wata mai sayar da dafaffen ƙwai ta gane shi, ta tara masa jama'a, aka ce sai ya yi. Ya cire hula ya leƙa, ya faɗi abin da ake jira. Aka yi shewa, aka ba shi ƙwai biyu kyauta, ya riƙe su har Gazawa bai iya ci ba.

Daga Gazawa ɗan kabu-kabu ya ɗauke shi, suka bi turba cikin gonaki, gero ya kai ƙugu, rairayi ya sha ruwa ya kwanta. Gidan yana nan yadda ya san shi, sai dai dangar ta zube ta gefe ɗaya ba a tayar ba. Lami, matar Yahuza, tana tsakar gida tana sheƙar tsaba. A da, in Muttaka ya yi sallama, kafin ya ajiye jaka ta fara: ga ƙaramin miji ya zo, me aka kawo wa uwargida, ko an yi mata kishiya a birni. Wasan matar wa da ƙanen miji ne, kuma ita gwana ce a kai. Yau ta amsa sallama, ta shimfiɗa masa tabarma, ta kawo ruwa, ta tambayi mutanen gida ɗaya bayan ɗaya kamar baƙon da ya zo sayen kaji.

A ƙofar ɗakin Yahuza an rataya wani tsohon zane. Muttaka ya sha ruwa ya miƙe zai shiga, Lami ta ajiye faifai.

"Daga nan za ka gaishe shi," ta ce.

"Barci yake?"

"Idonshi biyu. Shi ya ce in ka zo ka gaishe shi daga waje."

Ya buɗe baki zai tambayi dalili, ya rufe, don bai da ƙarfin halin jin amsar. Ya ja tabarmarsa kusa da ƙofar ya durƙusa.

"Yaya, sannu. Ya jikin?"

Can wata murya ta fito daga bayan zanen, mai nauyi, harshen yana jan kalmomin da ƙyar. "Da sauƙi. Ka zo lahiya?"

Hawaye suka zo wa Muttaka, na gaskiya, don muryar da ta tashe shi sallar asuba duk ƙuruciyarsa ce ta koma haka. Amma a daidai lokacin, wani sashe na kansa da bai san ta'aziyya ba bai san dubiya ba ya riga ya lura cewa harafin farko ne ke maƙalewa, sauran su zubo a haɗe, kuma numfashi na yankewa a tsakiyar kalma ba a ƙarshenta ba. Bai sa kansa ba. Ya ji kunya ta rufe shi, ya shiga yin addu'a da ƙarfi don ya danne abin da ya ji.

Da la'asar masu dubiya suka fara zuwa daga gona. Liman ya zo, ya gaisa da Muttaka, ya ɗaga zane ya shiga. Maƙwabta suka shiga. Wata tsohuwa mai tallan daddawa da ba ta haɗa komai da gidan ba ta shiga ta daɗe. Kowa in ya fito sai ya ga ƙanen mara lafiya zaune a waje kan tabarma, ya kawar da kai, ya yi masa sallama a gajarce. Ba wanda ya tambaya, kuma rashin tambayar ya fi zagi ciwo, don ya nuna duk garin ya san hukuncin kuma bai ga laifinsa ba. Hamisu ya dawo da hauya a kafaɗa, ƙato, kamar ubansa a da. Ya durƙusa ya ce, "Baba, sannu da zuwa," ya wanke ƙafa, ya shiga ya ɗauko uban ta ƙofar baya ya kai shi makewayi. Muttaka yana jin motsinsu, ya kafa idonsa a kan wata kaza da ke tonon ƙasa.

Ya kwana a zaure da niyyar gari na wayewa ya koma. Ya ce wa kansa ya yi dubiya, an karɓa yadda aka ga dama, Allah ya gani.

Da safe Hamisu ya yi sammako ya tafi wata gonarsu mai nisa da ciyawa ta ci ƙarfinta. Rana ta ɗan ɗaga, Muttaka yana ɗaure jaka, sai ya ji Lami tana kiran sunan Allah a ɗaki. Ta fito da sauri ta ce kan Malam, mijinta, ne ke sarawa tun asuba, yanzu kuma ya yi amai, idonsa ɗaya ya yi ja. Majo, wato babban ma'aikacin gidan likita na Gazawa, ya gargaɗe su tun farkon ciwon cewa in suka ga haka kada su jira. Ta kira salular Hamisu, ba ta shiga. Ta zaga gari, damina ce, duk namijin da ke iya ɗaga hauya yana daji. Sai tsoho Usman ta samu, mai amalanken jaki, wanda shi kansa sai an taimaka masa yake hawa.

Amalanke ya tsaya a ƙofar gida. Tsakanin gadon Yahuza da ƙofar gidan akwai tsakar gida da zaure, kuma Yahuza ko da ya rame ba ƙaramin mutum ba ne. Lami ta shiga ta gwada, Muttaka yana jin nishinta, yana jin gadon kara yana ƙara. Ta kasa.

"Malam," ya ji ta ce, "ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Ba kowa garin sai shi."

Ta ƙara matsa masa da magana.

"In ka mutu nan don wanga abu, mi zan ce ma Hamisu?"

Sannan muryar ta ce, "Shi juya baya."

Lami ta fito ta kama Muttaka ta kafaɗa, ta juya shi, ta ja shi da baya-baya ya ratsa zanen. Ɗakin yana warin man zafi da hayaƙin habbatussauda. Ta ce ya durƙusa, ya durƙusa a bakin gado fuskarsa na kallon ƙofa. Ya ji tana jan mijinta, sannan nauyi ya sauko masa a baya, ƙirji mai zafi, gemu yana sukar wuyansa. Hannun dama ya zagayo ya riƙe masa riga. Na hagun Lami ce ta ɗauko shi ta ɗora a kafaɗarsa, ya sauko ta gaba yana lilo.

Muttaka ya runtse ido. Wallahi ya runtse, kuma da niyya mai kyau. Ya miƙe, ya yi taku biyu a makance, ƙafarsa ta ci karo da dokin ƙofa, suka tafi za su kife. Lami ta ce ya duba gabansa mana, so yake ya ƙarasa shi? Ya buɗe ido.

Hannun yana nan dab da haɓarsa. Babban yatsa ya shige cikin tafi, sauran sun rufe shi. Wuyan hannun ya lanƙwasa ciki. Ƙaramin yatsa kaɗai ya ƙi bin 'yan'uwansa, ya tsaya a gefe yana ɗan rawa duk lokacin da Yahuza ya ja numfashi. Kuma ba sake yake ba, a ɗaure yake tamau. Nan ne ya yi kuskure a gaban Hambali, shi sakin hannun ya yi ta yi. Duk wannan ya shige shi kafin ya kai tsakiyar gida. Ya ɗaga kai sama, ya kalli danga, ya kalli rumbu, ya karanta duk abin da ya zo bakinsa, amma abin da ido ya riga ya ɗauka ba a mayar da shi.

Suka kwantar da shi a amalanke, Lami ta lulluɓe shi da zane har wuya, ta zauna ta ɗora kansa a cinyarta. Muttaka ya zauna a gaba kusa da Usman, ya ba su baya. Tafiyar jaki a rairayi ba ta sauri, kuma duk tsawonta bai waiwaya ba ko sau ɗaya, ko da ya ji Yahuza yana kakari. A hanyar nan ya yanke shawara. Zai koma Maraɗi ya ce wa Hambali ya kashe Duba-Hula, a kawo labarin ta waya ko ta duk inda aka ga dama. Zai nemi fitowar maigadi, in babu ya kama sayar da goro a tasha. Zai dawo ya tayar da dangar nan da hannunsa. Ya ji ƙirjinsa ya yi sauƙi, har ya tambayi Usman labarin damina, suka ɗan taɓa hira a kan tsutsar da ta addabi gero bara.

A gidan likita na Gazawa ya sake juya baya, aka ɗora masa wansa, ya kai shi baranda ya sauke kan tabarma. Wannan karon sama ya kalla har ya dire shi. Lami ta gyara lulluɓin, ta faɗa wa wata ma'aikaciya abin da ya kawo su, ta tafi layin yankan tike, takardar ganin majo. Barandar cike take da mata masu goyo da tsofaffi, lokacin zazzaɓin damina ne. Muttaka ya samu gefen benci ya zauna, ɗan nesa da tabarmar, bayansa na ciwo, rigarsa ta jiƙe da gumin mutum biyu. Ya jingina da bango. Bai yi barci ba, hankalinsa ne dai ya tafi, yana shirya yadda zai faɗa wa Hambali maganar ba tare da ya bayyana dalili ba.

Majo ya fito daga ɗakinsa da abin awon jini rataye a wuya. Saurayi ne, sabon zuwa, ba wanda ya duba Yahuza da farko ba, da alama aiki bai bar masa lokacin kallon tele ba. Ya ce ina mai shanyewar ɓarin jikin da aka ce an kawo. Ya dubi baranda daga wannan gefe zuwa wancan, ya wuce tabarmar da mutum ke kwance a lulluɓe, ya nufo benci kai tsaye. Ya durƙusa a gaban Muttaka ya kama hannunsa na hagu a hankali.

"Sannu, Baba. Tun yaushe hannun ya yi haka?"

Muttaka ya dubi cinyarsa. Babban yatsa yana cikin tafi, sauran sun rufe shi. Wuyan hannun ya lanƙwasa. Ƙaramin yatsa ya ware gefe yana rawa. Kafaɗarsa ta hagu ta zube, kuma ya ji gefen bakinsa ya yi nauyi ya sauka. Bai san tun yaushe yake zaune haka ba.

Majo yana ƙoƙarin buɗe yatsun yana cewa ya saki jiki, sai wani mutum a ƙarshen benci ya leƙo ya ƙura ido.

"Majo, ai wanga lahiyarshi lau. Duba-Hula ne na tele."

Kawuna suka juyo. Wata mata ta rufe baki da mayafi. Wani ya ce sabon fim ake yi ke nan, ina kyamarar take? Dariya ta bi baranda, ba ta mugunta ba, dariyar mutanen da suka gaji da jira suka samu abin kallo kyauta. Har wani tsoho mai zazzaɓi ya ce Allah ya yi wa mutumin nan baiwa, dubi har likita ya ruɗe. Majo ya saki hannun ya miƙe yana kallonsa, bai gane abin da ake ciki ba.

Muttaka ya warware yatsunsa ya cusa hannun a ƙarƙashin cinya. Da ƙasa za ta tsage da ya gode mata. Abin da ya fi ci masa rai, wanda ba zai taɓa iya faɗa wa kowa ba, shi ne a can ƙasan kunyar akwai wani ɗan wuri da ya yi sanyi. Ya samu. Tunda yake wasa bai taɓa yin wanda ya kai wannan ba.

Sai ya juya wajen tabarma, abin da ya yi ta gudu tun jiya. Yahuza idonsa biyu. Kansa na kan dunƙulen zanen da Lami ta sa masa, fuskarsa na fuskantar benci, kuma ba alamar yanzu ya fara kallo. Ido ɗaya ja, ɗayan fari tas, dukansu a kan ƙanensa.

Hannun dama ya fito daga lulluɓi, ya kama bakin zanen, ya ja shi a hankali har ya zame ƙasa. Ga kafaɗar, ga hannun a naɗe kan ƙirji, ga ƙafar da ta bushe, ga bakin da yawu ke bi ta gefensa. Dariyar ta mutu daga wannan bakin zuwa wancan. Mutumin ƙarshen benci ya dubi na kwance, ya dubi na zaune, ya sunkuyar da kai.

"Majo," in ji Yahuza, kalmar na fita da ƙyar. "Ni ne."

Majo ya ce a shigo da shi maza. Lami ta iso da tike a hannu, ta ga mijinta a buɗe, ta sunkuya za ta mayar da zanen, ya ture hannunta. Muttaka ya taso, ya zo bakin tabarma, ya fara juyawa zai ba da baya.

"Bari," Yahuza ya ce. "Ɗauke ni ta gaba. Mi ya rage?"

Muttaka ya sa hannu ɗaya a ƙarƙashin wuyansa, ɗaya a ƙarƙashin gwiwoyinsa, ya ɗaga shi. Fuskokinsu suka zo dab da juna, rabon da su yi kusa haka tun Muttaka yana yaro. Ya ce, "Yaya," yana neman abin da zai biyo baya. Yahuza ya rufe idonsa, bai sake buɗewa ba har aka kwantar da shi a gadon majo.